Za mu kai Baba gandun dajin Zakuma: mu ɗauki jagora namu ko mu bi ayari?

Baban Amira:

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Shawara nake nema wajen waɗanda suka taɓa shiga gandun daji mai nisa da gari, musamman in akwai wanda ya taɓa zuwa Zakuma a ƙasar Chadi.

Mahaifina ya haura saba'in. Aikin kare amfanin gona ya yi har ya yi ritaya, rabin rayuwarsa ta tafi wajen bin sawun fari da tsuntsun jan-baki, amma bai taɓa ganin giwa a dawa ba, sai dai a gidan zu. Tun ranar da ya ga giwayen Zakuma a talabijin bai bar maganar ba. Ni da ƙannena mun yi shawarar mu haɗa kuɗi mu kai shi tun yana da sauran ƙarfi. Mu uku za mu tafi: shi, ni da ƙanwata.

Hanya biyu aka nuna mana. Ko dai mu shiga ayarin masu yawon buɗe ido, a haɗa mu da mutanen da ba mu sani ba, a bi tsarin da aka riga aka rubuta. Ko kuma mu ɗauki jagora namu na kanmu, da mota da direba, ya tarbe mu a filin jirgi ya zauna tare da mu har ya dawo da mu. Tazarar kuɗin da ke tsakani ba ƙarama ba ce, kuma kuɗin gumin ƙannena ne, ba na so in zubar da shi a kan abin da suna ne kawai. Abin da na kasa ganewa shi ne: tunda gandun yana da masu gadinsa da direbobinsa da suka san wurin, me jagoran nan zai ƙara mana? Ku sani Baba yana fama da ciwon gwiwa da hawan jini, kuma ba ya jure dogon zama a mota. Wanda ya sani ya taimaka, Allah ya saka da alheri.

Malama Mai Tsuntsaye:

Wa alaikumus salam, Baban Amira. Allah ya yi muku albarka da wannan niyya, ya ba Baba lafiya. Na je Zakuma a ƙarshen rani, kuma da jagora namu muka je, ni da wasu abokan aikina biyu da muke koyar da ilimin halittu tare. In da mu kaɗai ne matasa masu jini a jika, da zan ce maka ka bi ayari ka huta. Amma da dattijo mai ciwon gwiwa, ni dai shawarata ku ɗauki naku. Bari in gaya maka dalili.

Fara da hanyar. Gandun yana kudu maso gabashin Chadi, a yankin Salamat, garin da ya fi kusa da shi shi ne Am Timan. Daga Injamena kusan kilomita 800 ne a mota. Har zuwa Mongo akwai kwalta, kuma duwatsun Gera da za ku gani a hanya kaɗai sun isa abin kallo, amma daga nan gaba jar ƙasa ce da gargada da ƙura. Ayari yakan so ya cinye tafiyar cikin gaggawa saboda kwanakinsa a ƙidaye suke. In motar taku ce, kuna iya raba ta gida biyu, ku kwana a hanya, ku riƙa tsayawa Baba yana miƙe ƙafa duk lokacin da ya ji gwiwar ta fara riƙewa, ba tare da kunyar cewa kun tsayar da mutane ba. Ka san dattawanmu, zai daure ya yi shiru yana shan wahala don kada a ce shi ne ya kawo cikas. Akwai kuma ƙaramin jirgi da ake shata daga Injamena, awa biyu da ɗoriya ya sauke ku a cikin gandun. In aljihu zai iya, ga Baba wannan ya fi, sai dai ana ƙayyade nauyin kaya sosai, kuma jaka mai laushi suke so, ba akwati ba.

To amma ba hanya ce babban dalilin ba. Abin da kuɗinku zai saya a gaskiya shi ne damar zama wuri ɗaya har sai kun ƙoshi.

Zakuma ba wurin da ake tsere daga wannan dabba zuwa waccan ba ne. Ƙasar shimfiɗaɗɗiya ce, da damina ruwa ke shanye ta har a rufe ta ga baƙi, motoci ba sa iya motsi cikin taɓo. Daga nan ruwan ya riƙa janyewa a hankali, har ya zama saura 'yan tafkuna da kududdufai a bakin kogin Salamat da fadamu irin ta Rigek. Duk wani mai rai a wannan daji dole ya zo nan ya sha. Saboda haka wanda ya samu inuwa mai kyau a bakin ruwa ya kashe mota ya zauna, shi ne zai ga komai. Wata safiya mun isa Rigek gari bai gama wayewa ba, jagoranmu ya sa direba ya juya motar ta yadda rana za ta fito ta bayanmu, ya ce kowa ya yi shiru. Gauraka ne suka fara sauka, ba goma ba, ba ashirin ba, garke guda har iyakar ganin ido, ga dinya da kirinjijiya da kwasakwasa sun rufe bakin ruwan. Can sai ga dari da kanki suna fitowa daga cikin ƙaya ɗaya bayan ɗaya, gwanki ya tsaya nesa yana nazarin wurin kafin ya matso. Sai da hantsi ya dubi ludayi sannan raƙuman dawa suka iso, suka daɗe suna waige-waige kafin su ware ƙafafu su sunkuya. A tsawon zaman nan motar ayari ta zo, ta tsaya kaɗan, aka ɗauki hotuna, ta wuce neman zaki. Ban ga laifinsu ba, mutum shida ne a ciki kowa da abin da ya kawo shi, direba kuma dole ya raba adalci. Amma ba su ga raƙuman ba. Kuma raƙuman dawan nan irin na Kordofan ne, waɗanda suka kusa ƙarewa a duniya, fiye da rabin waɗanda suka rage a Zakuma suke.

Da na karanta cewa Baba ya yi aiki a kan jan-baki sai da na ji tsigar jikina ta tashi, don wallahi akwai abin da ke jiransa a can. Da yamma lis tsuntsayen nan suke tasowa shan ruwa, miliyoyi, su murɗa su ware a sama kamar hayaƙin gobarar daji, ƙarar fikafikansu tana cika kunne, reshe ya karye saboda nauyinsu. Shaho da shirwa suna faɗa musu ta sama, borin tunke yana tsintar waɗanda suka faɗo, kada yana jira a ruwa. Mutumin da ya shekara da shekaru yana kallon tsuntsun nan a matsayin annobar gona, ya zo ya same shi a inda babu gonar kowa, yana ciyar da rabin dajin, ina ganin ba zai so a ce masa "lokaci ya yi, mu tafi" ba. Kuma zai sami abin faɗa wa jagoran da shi ma bai sani ba. Jagoran kirki yana son irin wannan baƙo.

Sai maganar giwaye, tunda su ne suka ja hankalinsa. Ya kamata ku san tarihinsu kafin ku je, don shi ne zai bayyana muku halinsu. An kafa gandun a 1963, faɗinsa kusan murabba'in kilomita 3,000. A 2002 giwayen sun haura 4,000. Mahara a kan dawakai masu neman haure suka yi ta karkashe su, kafin 2010 saura kusan 450. A shekarar ne gwamnatin Chadi ta damƙa wa ƙungiyar African Parks kula da wurin. Tsoro ya sa waɗanda suka tsira suka dunƙule suka zama garke ɗaya, suka ma daina haihuwa na wasu shekaru. A watan Satumba na 2012 aka kai wa masu gadi hari a Heban, arewa da gandun, suna sallar asuba, aka rasa mutum shida. Allah ya jiƙansu. Da jinin irin waɗannan mutane aka tsayar da ɓarnar, giwaye suka koma haihuwa, a ƙidayar 2021 sun haura 600.

Abin da wannan ke nufi gare ku shi ne, babban garken har yanzu ba ya sakin jiki da mutum. Yana iya shigewa cikin kurmin ƙaya ya yi kwanaki ba a gan shi a fili ba. An sa wa wasu daga cikinsu abin wuya mai nuna inda suke, ofishin gandun yana bibiyar su dare da rana, amma sanin inda suke daban, isa gare su ba tare da an firgita su ba daban. Namu jagoran ya san mutanen ofishin, sun yarda da shi, ya kan yi magana da su tun da dare. Ranar da muka je, ya sa muka bar motar nesa, mai gadi da bindiga a gaba, yana ta zubar da ƙura daga tafin hannunsa yana duba inda iska take kaɗawa, muka zagaya ta ƙarƙashin iska muka zauna a bakin wani kududdufi. Mun daɗe ƙwarai kafin mu fara jin karyewar rassa. Ba zan iya kwatanta maka yadda zuciya take yi ba idan ɗaruruwan giwaye suka fito gabanka da 'ya'yansu a tsakiya. Ga Baba, jagora ne zai auna ko tafiyar ƙafar ta yi masa yawa, ya nemi inda mota za ta iya kai shi kusa. In ma garken ya ƙi, akwai wasu manyan toraye da suka saba zuwa shan ruwa a hedikwatar gandun, ana ganin su kusa-kusa. Ba zai dawo bai ga giwa ba, in sha Allahu.

Karkanda kuwa kada ku sa rai sosai. An dawo da baƙaƙen karkanda shida daga Afirka ta Kudu a 2018, huɗu suka mutu cikin 'yan watanni, aka ƙaro wasu biyar a ƙarshen 2023, kuma ana tsaron su sosai. Jagoran da ya yi maka alkawarin karkanda ko damisa, ka riƙe kuɗinka. Ɓauna dai za ku gan su har ku gaji, daga kusan 220 a 1986 yanzu sun haura 10,000.

Abu na ƙarshe, harshe. Larabcin Chadi da Faransanci ne ke aiki a hanya da cikin gandun. Shingayen jami'an tsaro suna da yawa, ga rajistar fasfo da ake yi wa baƙi a Injamena bayan sauka, ga takardar rigakafin shawara. Namu shi ya ɗauke mana wannan duka. Ka tabbata wanda za ku ɗauka yana jin harshen da Baba zai sake da shi, don ranar farko kaɗai ake jure tafinta.

Ɗan Tsauni:

Malama ta yi bayani mai gamsarwa, amma ina da ja a wuri ɗaya, kuma ina so Baban Amira ya ji ɗaya ɓangaren.

Ban je Zakuma ba. Nawa yawon na ƙafa ne, na fi sanin Gashaka-Gumti, wanda shi ne gandu mafi girma a Najeriya, ya haura murabba'in kilomita 6,000, a cikinsa tsaunin Chappal Waddi yake mai tsayin mita 2,419. Abin da na gani a irin waɗannan wurare shi ne, ilimin dajin yana wajen masu gadi da 'yan ƙauyukan da ke kewaye. Mai gadin da ya raka mu yana duban kashin dabba ya gaya maka jiya ta wuce ko yau da asuba, yana jin kukan biri ya ce akwai damisa a kwarin can. Babu wanda zai zo daga birni da jakar kyamara ya fi shi. Sau da yawa wanda ake kira jagora na musamman dillali ne kawai, ya karɓi kuɗi mai yawa, in an isa ya miƙa ka ga mai gadin, ya koma kujerar baya yana latsa waya.

Ya taɓa faruwa da mu a wani gandun daban. Mutumin da muka yi ciniki da shi, mai daɗin baki a waya, ranar tafiya sai ya turo yaronsa da wata mota mai taya ɗaya na safaya, shi ma a sace. Yaron bai taɓa taka dajin ba. Muka yini a rana muna jiran a kawo mana ɗauki, babu sabis, ruwan sha ya kusa ƙarewa. Da da tsoho a cikinmu da abin ya yi muni.

Don haka ni ba na cewa kada a ɗauka. Cewa nake kalmar "namu na kanmu" ba ta tabbatar da komai. In masaukin gandun zai ba ku mota ku kaɗai da direbansu da mai gadinsu, ku tambaya, wataƙila ku sami rabin abin da Malama ta faɗa a kan kuɗi kaɗan.

Malama Mai Tsuntsaye:

Gaskiyarka, Ɗan Tsauni, ban musa ba ko kaɗan. Masu gadin Zakuma ma haka suke, wasunsu a kan doki suke sintiri, sun san kowace fadama da sunanta. Jagoran kirki ba ya gasa da su, yana gaishe su da girmamawa, yana tambayar su, kuma a gabanka zai ce "wannan shi ya fi ni sani". Aikinsa shi ne ya haɗa abin da suka sani da abin da baƙonsa yake buƙata. Mai gadi aikinsa tsaron daji da tsaron ranka, ba a ɗora masa lura da cewa dattijo ya fara haki ko leɓensa ya bushe ba.

Shawararka ta mota ku kaɗai daga masauki ma tana da kyau. A Zakuma akwai masaukin Tinga, mai ɗakuna na gini a bakin kogi, yana da motocinsa da direbobinsa. Akwai kuma Camp Nomade, na tantuna, wanda ake kafawa a bakin fadama da rani a kwashe kafin damina, shi an tsara shi ne don ƙananan ƙungiyoyi masu zuwa da jagoransu. Ga mai ciwon gwiwa ni Tinga zan zaɓa, saboda gado da banɗaki. Baban Amira, ka rubuta wa masu kula da gandun kai tsaye, ka ba su sunan jagoran da aka nuna maka, ka tambaye su ko sun san shi. Wuri ne da baƙinsa ba su da yawa, duk mai kawo mutane da gaske sun san fuskarsa. Sannan ka kira shi da kanka. Tambaye shi yaushe rabonsa da wurin, a wane wata, ina garken yake a lokacin. Wanda ya je zai amsa da sunayen wurare, wanda bai je ba zai ce maka "ko'ina akwai dabbobi". Ka sa a rubuta a takarda cewa shi da kansa zai zo, da irin motar, da tayoyin safaya biyu, da wayar tauraron ɗan'adam ta Thuraya ko rediyon oba-oba, da abin da za a yi in mota ta lalace. Kada ka biya duka kafin ka gan shi ido da ido.

Maman Khalil:

Sannunku. Ni ma'aikaciyar jinya ce, ta ɓangaren lafiyar Baba kawai zan sa baki.

Watan da za ku je ya fi komai muhimmanci. Malama ta je a ƙarshen rani, lokacin da dabbobi suka fi taruwa, amma a Maris da Afrilu zafin wannan yanki yana wuce digiri 40. Mai shekara saba'in da ke shan maganin hawan jini, musamman irin mai sa yawan fitsari, jikinsa yana bushewa da wuri, kuma tsofaffi ba sa jin ƙishirwa kamar yara. Yana iya miƙewa daga kujerar mota jiri ya kwashe shi. Ku je wajen likitansa tun da sauran lokaci, ku gaya masa ainihin inda za ku da irin zafin wurin, ya duba magungunan, ya kuma rubuta na rigakafin zazzaɓin cizon sauro wanda ba zai yi karo da su ba. Ku ɗauki magani fiye da na kwanakin tafiyar, ku raba shi jaka biyu, kada ku bar shi cikin mota a rana. Ku tafi da na'urar awon jini da gishirin ORS.

Sannan ku yi wa jagoran tambayar da mutane ba sa son yi: in Baba ya faɗi da tsakar dare, me zai faru a awa ta farko, wa za a kira, jirgi zai iya sauka, wa zai biya? Ku sayi inshorar da ta ƙunshi ɗauko marar lafiya ta jirgi, ku karanta ta da kyau, don wasu suna da iyakar shekaru, wasu kuma ba sa biyan ciwon da mutum yake da shi tun kafin tafiya. A nan ina tare da Malama. In mota taku ce, kuna fita da sassafe, ku dawo kafin rana ta take, ya kwanta, ku sake fita da la'asar. Ayari ba zai juya saboda mutum ɗaya ba sai abin ya yi tsanani.

Baban Amira:

Allah ya saka muku da alheri baki ɗaya, na karanta wa ƙanwata komai. Malama, na gaya wa Baba zancen jan-baki, ya yi shiru, sannan ya ce a tambaye ki ko a ƙaya suke kwana ko a ciyawa, kuma ko sun fara saƙa sheƙa a lokacin. Kin ga har ya fara aiki.

Mun tsaya a kan za mu ɗauki jagora, amma sai mun bi hanyar da ku biyu kuka nuna. Gobe zan rubuta wa masu kula da gandun, in tambaye su mutumin, in kuma tambayi batun mota mu kaɗai daga Tinga don mu gwada. Maman Khalil, mun sami ganin likita mako mai zuwa. Saura tambaya ɗaya: in muka guje wa zafin Maris da Afrilu, wane wata ne ba za mu yi asarar ganin dabbobin ba?

Malama Mai Tsuntsaye:

Ka gaishe min da Baba, ka ce masa waɗanda na gani a kan ƙaya suke sauka, bishiyoyin bakin ruwa har sun yi fari da kashinsu, kuma ban ga sheƙa ba a lokacin, shan ruwa da kwana ne kawai ke tara su.

Ku nufi Fabrairu. A Disamba da farkon Janairu akwai sauran ruwa a wurare da yawa, ciyawa tana da tsayi, dabbobi a warwatse suke, ga hazon hunturu da ke rufe nesa. Zuwa Fabrairu ƙananan kududdufai sun ƙafe, an fara taruwa a manyan fadamu, dare da safiya kuma da sauran sanyi. Ku tafi masa da rigar sanyi da hula saboda fitar asuba a buɗaɗɗiyar mota, da ɗan matashin da zai tokare bayansa, da ƙaramin matakin da zai taka ya hau, don motocin suna da tsayi. Ku samo masa madubin hangen nesa nasa shi kaɗai, mara nauyi, ya fara sabawa da shi tun a gida. Ɗakunan ba su da yawa kuma lokacin gajere ne, in kun tabbatar da jagoran kada ku jinkirta kama wuri.